Gargaɗi Ga 'Yan'uwa Bisa Bashin Gida Da Jinginar Gona

Da sunan Allah muke farawa, muna gode masa bisa ni'imominsa, muna salati ga fiyayyen halitta Annabi Muhammadu, da alayensa da sahabbansa baki ɗaya.

Bayan haka, ya ku malamai, Allah ya gafarta muku, da ku almajirai, Allah ya ba ku ilmi mai amfani, ku sani abin da ya sa jam'iyyarmu ta ɗauki alƙalami yau wata tambaya ce da ta yawaita a zaurukan karatu na ƙasar Bici. Mutum ya zo ya durƙusa ya ce, "Allah gafarta malam, an ce za a ba ni rancen gina gida, in riƙa biyan kaza kowane wata, albashina kuwa zai ɗauka. Yaya ka gani?" In malam ya tambaye shi nawa ne jimlar abin da zai biya daga watan farko zuwa na ƙarshe, sai ya yi shiru. Ya san kuɗin wata, bai san kuɗin shekara 30 ba, ga shi kuwa yana shirin ba da takardar gidansa jingina.

Ba mu ga laifin mai son gidan kansa ba. Kowa ya san ƙasarmu ta cika. Daga Bici zuwa Badume, Saye, Ɗanzabuwa da Kwamarawa, gona na manne da gona, ana noma ta kowace damina ba hutu, sai taki ke riƙe da ita. Uba ya rasu a raba gona da gida tsakanin 'ya'ya, su ma su rasu a sake rabawa, har rabon mutum ya zama bai isa ɗaki da turke ba. Fili a bakin hanyar Kano zuwa Katsina kuwa kullum ƙara tsada yake yi. Matsi ne ke kai mutane ga rance. Amma matsi ba ya ɗauke wa baligi mai hankali wajibcin sanin abin da zai sa wa hannu.

Mu fara da mafi sauƙin bashin gida a Nijeriya. A shekarar 1992 gwamnati ta kafa Asusun Gidaje na Ƙasa, ta danƙa shi ga Bankin Bayar da Rancen Gidaje na Tarayya, wanda asalinsa ya faro tun 1956. Ma'aikacin da ke cikin asusun ana cire masa kashi 2.5 cikin ɗari na albashinsa kowane wata, sa'an nan yana iya neman rance da ruwa kashi 6 cikin ɗari a shekara, ya biya cikin shekarun da za su iya kai 30. Mai ji daga nesa sai ya ce shida cikin ɗari ai ba kome ba ne. To, ga allo ga tawada, mu lissafa.

Mu ƙaddara malamin makaranta ya ranci Naira 10,000,000 bisa wannan sharaɗi, shekara 30. Abin da zai biya kowane wata Naira 59,955 ne. Watannin shekara 30 kuwa 360 ne. In ka buga 59,955 sau 360, za ka sami wajen Naira 21,584,000. Watau ya karɓi miliyan 10, ya mayar da miliyan 21 da rabi da ɗoriya. Ruwan kaɗai ya fi uwar kuɗin yawa.

Ga dalilin haka. Kashi 6 ɗin nan ba sau ɗaya ake ɗaukarsa ba, kowace shekara ake ɗorawa bisa abin da ya rage a wuyan mai bashi. A watan farko, cikin Naira 59,955 da ya biya, 50,000 ruwa ne, 9,955 kaɗai suka taɓa uwar kuɗi. Haka zai yi ta yi, ruwa na cin kaso mafi tsoka, uwar kuɗi na raguwa kamar ana kwashe rijiya da ludayi. Bayan shekara 10 ya zuba kusan Naira 7,195,000, amma in ya je ya tambaya za a ce ana binsa wajen 8,369,000. Bayan shekara 15, rabin wa'adi ke nan, har yanzu akwai fiye da miliyan 7 a kansa. Nan ne mutane da yawa ke cewa an cuce su, alhali kuwa tun ran farko haka takardar ta ce, ba su dai karanta ba.

Ku lura kuma da aikin wa'adi. Wannan miliyan 10 ɗin, in aka biya cikin shekara 20, kuɗin wata 71,643 ne, jimla wajen 17,194,000. In shekara 15 ce, kuɗin wata 84,386, jimla wajen 15,189,000. In shekara 10 ce, kuɗin wata 111,021, jimla wajen 13,322,000. Tsakanin mai shekara 30 da mai shekara 15 bambancin wata bai kai Naira 25,000 ba, amma bambancin jimla ya haura miliyan 6. Saboda haka duk wanda ya ce maka zai sauƙaƙa maka ta hanyar tsawaita wa'adi, ka sani sauƙin wata ya sayar maka, da tsada kuwa.

Wannan duk lissafin rancen gwamnati ne mai rangwame. Na bankunan kasuwa ya fi shi zafi nesa ba kusa ba. A ƙarshen 2024 Babban Bankin Nijeriya ya kai ma'aunin ruwansa kashi 27.5 cikin ɗari, bankuna kuwa bisa wannan ma'auni suke ɗora nasu. Mu ɗauki kashi 24 don misali. Miliyan 10 cikin shekara 15, kuɗin wata wajen 205,800 ne, jimla ta wuce miliyan 37. Ka gina gida ɗaya, ka biya kuɗin kusan huɗu. Sau da yawa kuma takardar irin wannan rance tana ba banki ikon ƙara ruwa in kasuwa ta juya, ba tare da ya nemi yardarka ba.

Har wa yau akwai kuɗin da ba ya cikin lissafin wata. Akwai abin da za a ce ka fara ajiyewa daga aljihunka kafin a ba ka sauran. Akwai ladan mai kimanta gida, da na lauya, da na safiyo. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta ce mai takardar shaidar mallaka ba ya jinginar da filinsa sai da yardar Gwamna, neman yardar nan kuwa da kuɗinsa, ga kuɗin kan sarki da na rajista. Ga inshorar gobara da ake sabuntawa kowace shekara, ga kuɗin ƙasa, ga tara in wata ya wuce ba ka biya ba. Duk wannan a tara shi bisa jimla, sa'an nan a san farashin gida na gaskiya.

In wani ya ce, ai Naira faɗuwa take yi, dubu 60 ta yau ba ita ce dubu 60 ta shekara 20 masu zuwa ba, saboda haka mai bashi ne ke cin riba, sai mu ce akwai gaskiya cikin zancensa, matuƙar ruwan tsayayye ne ba ya motsi. Amma ya tuna albashi ba ya bin farashin kasuwa ƙafa da ƙafa. A 2024 tsadar kaya ta haura kashi 30 cikin ɗari, mafi ƙarancin albashi kuwa sai a shekarar aka kai shi Naira 70,000, bayan ya shekara biyar yana 30,000. Mai biyan 59,955, in ana son kada bashi ya ci fiye da sulusin samunsa, sai albashinsa ya kai wajen 180,000. Hatsi ya yi tsada ko ya yi araha, banki ranarsa ba ta tashi. In kuma ya ce ai mai haya ma kuɗinsa tafiya suke ba ya mallakar kome, sai mu ce haka ne, amma mai haya in ya gaza sai ya koma ƙaramin gida, mai jingina in ya gaza ana iya sayar da gidan, abin da ya zuba shekara da shekaru mafi yawansa ya tafi a ruwa. An ga haka a Amurka cikin 2008 da shekarun da suka biyo baya, inda miliyoyin iyalai suka rasa gidajensu. Gani ga wane ya ishi wane tsoron Allah.

Bisa hukuncin shari'a kuwa ba mu da wata magana sabuwa. Rance da aka sharɗanta ƙari a kansa riba ne, ƙarin ya yi yawa ko ya yi kaɗan, haramcinsa kuwa yana ƙarshen Suratul Baƙara. Jingina ita kanta halal ce, aya ta 283 ta ambace ta, ya kuma tabbata Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi, ya bar duniya sulkensa na jingine wurin wani Bayahude saboda sha'ir da ya karɓa don iyalinsa. Abin da aka ɗora wa jinginar shi ne abin dubawa.

Tun 2012, da Bankin Jaiz ya buɗe, aka sami bankunan da ba sa mu'amala da ruwa, wasu kuma suka biyo baya. Su kan sayi gida su sayar maka da riba sananna zuwa ajali, ko su yi tarayya da kai kana sayen rabonsu sannu a hankali kana biyan hayar sauran. Ƙulla ciniki irin wannan daban yake da rance, a murabaha kuwa farashi in an yanke ya yanku. Amma kada ɗan'uwa ya ji sunan Larabci ya ajiye alƙalami. Halaccin ciniki bai hana shi tsada ba. A nan ma a tambayi jimla, a kuma kai takardar wurin malami masanin mu'amala ya duba sharuɗɗanta.

Yanzu mu juyo gida, domin kada mu ga laifin banki mu manta da namu. Manomi ba ya zuwa banki, wurin maƙwabcinsa yake zuwa. Biki ya taso, ko jinya, ko kuɗin taki, sai ya jinginar da gonarsa, mai kuɗi ya riƙa nomawa yana kwashe amfani har ran da aka mayar masa da kuɗinsa cif. Mu ƙaddara an karɓi Naira 400,000, gonar kuwa bayan an fitar da taki da ƙwadago tana barin buhu 6 na dawa a shekara. Shekara 10 buhu 60 ke nan. Ku tambayi kuɗin buhu a Dawanau ku buga. Duk da haka ko kwabo bai ragu daga 400,000 ba. Wane banki ne ya kai wannan? Mai gona kuwa da me zai fanshe ta, tun da abin da zai noma ya biya shi ne ke hannun wani? Haka gona ke daɗewa har shaidu su mutu, magada su tashi suna shari'a bisa abin da ba wanda ya rubuta.

Almajirin da ya karanta Risala ta Ibn Abi Zaid ya san amfanin abin da aka jinginar na mai shi ne, ba na mai riƙo ba. Malaman mazhabarmu ta Malikiyya ba su yarda mai ba da rance ya sharɗanta cin amfanin jingina ba, domin rance ne ya jawo amfani. Imamu Malik kuma ya bayyana cikin Muwaɗɗa cewa sharaɗin in ajali ya cika ba a biya ba abin jingina ya zama na mai bin bashi, sharaɗi ne ɓatacce. Abin da ake yi shi ne a sayar, a biya bashi, a mayar wa mai shi da ragowar. Mai bukatar kuɗi yana da ƙofofin halal, kamar hayar gona ta shekaru sanannu wadda in sun cika gona ta koma ba biyan kome, ko cinikin salam, bisa sharuɗɗansu da ke cikin littattafai.

To, ga abin da muke kira gare shi. Kowa za a ba shi bashin gida, kada ya sa hannu sai ya buga kuɗin wata sau yawan watanni, ya tara kuɗin takardu da inshora, ya debe abin da aka ba shi, ya ga ragowar da idonsa. Ya tambaya ko ƙarin tsayayye ne ko mai motsi. Ya tambaya in ya sami hali ya biya kafin ajali, za a rage masa ko za a ci shi tara. Ya tambaya in ya rasa aiki, ko ya rasu, me zai sami iyalinsa. Wannan ta ƙarshe ita ta fi nauyi, domin shekara 30 ba a hannun kowa take ba, bashi kuwa shi ake fara fitarwa daga dukiyar mamaci kafin wasiyya da gado. Mai shekara 35 da ya ɗauki irin wannan, sai yana da 65 zai sauke.

Ku kuma malamai, Allah ya ƙara muku daraja, almajirin da kuka koya wa fitar da sudusi da sumuni cikin rabon gado ba zai kasa wannan hisabi ba. Ku sa shi cikin karatu. Ku rubuta wa mutane bashinsu da jinginarsu, da adadi da ajali da shaidu, yadda aya ta 282, wadda ta fi kowace aya tsawo, ta yi umarni. Ku yi wa mawadata wa'azi su ba da rance don Allah, su saki gonakin da suka ci amfaninsu fiye da abin da suka bayar. Wanda bai sami hanya mai tsabta ba kuwa, ya bi ta iyayenmu: adashi, da tara bulo, da ɗaki ɗaya bana ɗaya baɗi. Ginin ya kan yi jinkiri, amma mai shi yana barci ba mai buga masa ƙofa.

Allah ya yaye wa masu bashi, ya wadata mu da halal, ya sa mu cika ba hakkin kowa a wuyanmu. Amin.

Haza wassalamu.