Zongon Kumasi da rikicin Sahel: wa ke biyan kuɗin faɗan manya?

A ranakun 17 da 18 ga Agustan 2023, hafsoshin sojin ƙasashen ECOWAS ko CEDEAO sun gana a Accra domin tsara yadda za su tura dakaru Nijar, bayan kifar da gwamnatin Mohamed Bazoum ranar 26 ga Yuli. Ba a kai ga harba ko harsashi ɗaya ba. Sai dai rufe iyakoki ya shafi mazauna Aboabo da Asawase da Sabon Zongo a Kumasi, inda iyalai da dama ke cin abinci da fataucin albasar Galmi. Motoci sun maƙale a iyakar Gaya da Malanville, albasa ta ruɓe, farashi kuma ya tashi.

Da aka ɗage takunkumin ranar 24 ga Fabrairun 2024, Yamai ta ci gaba da rufe iyakarta da Benin. Direbobi da yawa sun koma bi ta Burkina Faso, hanyar da ke fama da hare-haren masu ɗauke da makamai.

A manyan birane, ana kallon rikicin a matsayin gasa tsakanin ƙasashen Yamma da Rasha. Sojojin Faransa sun bar Nijar a Disambar 2023, masu horaswa na Rasha sun sauka Yamai a Afrilun 2024, Amurka kuma ta kammala kwashe dakarunta a Satumban shekarar. Ita ma Ghana ta shiga ciki tun Disambar 2022, lokacin da Nana Akufo-Addo ya zargi Burkina Faso, a Washington, da ɗauko sojojin haya na Wagner.

Ga mutumin Zongo, abin da ke cikin haɗari ya fi tutar wata ƙasa kusa da shi: takardar zama da 'yancin tafiya. Dattawa ba su manta da Nuwamban 1969 ba, lokacin da gwamnatin Kofi Busia ta ba baƙin da ba su da takardu makonni biyu su bar Ghana. Dubban iyalai sun tafi Najeriya da Nijar, har da waɗanda aka haifa a Kumasi. Yarjejeniyar ECOWAS ta 1979 kan zirga-zirga ce ta ba jama'ar yankin damar shiga ƙasashen juna ba tare da biza ba.

Wannan garkuwa ce ta yi rauni ranar 29 ga Janairun 2025, da Mali da Burkina Faso da Nijar suka fice daga ƙungiyar a hukumance. ECOWAS ta ce za a ci gaba da amincewa da fasfo da katin shaidar 'yan ƙasashen uku har sai an sanar da wani sabon mataki. Ma'ana, haƙƙin da ke rubuce a yarjejeniya ya koma alfarma da za a iya janyewa. A Maris kuma ƙawancen AES ya sanya harajin kashi 0.5 cikin 100 kan kayan da ake shigar masa, har da na ƙasashen ECOWAS.

Shugaba John Mahama ya ɗauki hanyar sulhu: ya naɗa Larry Gbevlo-Lartey manzo na musamman ga AES, ya kuma ziyarci Bamako da Yamai da Wagadugu a Maris ɗin 2025. Amma ziyara ba ta zama doka. Abin da sarakunan Zongo da ƙungiyoyin 'yan albasa ya kamata su nema daga wakilansu a majalisa shi ne rubutacciyar yarjejeniya kan zama, aiki da wucewar kaya, wadda ba za ta faɗi da sauyin gwamnati ba. Kafin nan, wajibi ne kowane gida ya tabbatar 'ya'yansa na da takardar haihuwa da katin shaida.