A yi wa Juan Reynoso adalci

Raina yana ɓaci idan na ji ana auna Juan Reynoso da wasanni shida kacal da ya jagoranci Peru a neman gurbin Kofin Duniya a 2023. Gaskiya ne, maki biyu ya samu, ƙwallo ɗaya tak yaransa suka zura, ban musa ba. To amma mutumin nan fa shi ne kyaftin ɗin Cruz Azul ta Meziko da ya ɗaga kofin lig a 1997. Daga nan kulob ɗin ya shiga fari, shekara ashirin da uku da ɗoriya ana kaiwa bakin gaɓa ana faɗuwa, har sunan kulob ɗin ya zama abin zolaya. A Mayun 2021 sai ga Reynoso, tsohon mai tsaron bayansu, a gefen fili a matsayin koci, suka doke Santos Laguna da ci 2-1 a jimillar wasa biyu suka ɗauki kofin, dattawa suna hawaye a filin Azteca. Kafin nan ya ci lig ɗin Peru da Universitario a 2009, ya kuma kai kofin birnin Arequipa da Melgar a 2015, kofin da rabon Melgar da shi tun 1981.