ONANISM: Kalmar da Ta Ɗora wa Mutum Laifin da Ba Shi Ne Nasa Ba

Akwai maganganun da Bahaushe ba ya son a yi su a bainar jama'a, in kuwa ta kama dole sai ya sakaya su. Wannan ɗabi'a ce mai kyau, ba ni kuwa da niyyar keta ta. Amma shi ɗalibin harshe kamar ungozoma yake, ba ya kau da kai don abin da zai duba yana wurin da ake jin nauyi. Saboda haka ina neman afuwar malamaina da 'yan'uwana ɗalibai, domin kalmar da zan yi magana a kanta ta shafi al'aura. Kalmar ita ce onanism, wata tsohuwar kalmar Ingilishi wadda a yau ba a cika jin ta a bakin Turawa ba, sai dai a ƙamus da tsofaffin littattafan likitanci. Ma'anarta da aka fi sani ita ce abin da malaman fiƙihu ke kira istimna'i, watau mutum ya biya wa kansa bukatar sha'awa da hannunsa. Ra'ayina a kanta shi ne, an gina ta a kan gurguwar fahimtar nassi, mai tallar magani ne ya baza ta cikin duniya, kuma ita kanta kalmar ta taimaka wajen sayar da wata ƙaryar likitanci har shekara kusan ɗari biyu.

Bari mu fara da ƙirar kalmar. Gaɓoɓin ma'ana biyu ne a cikinta: Onan, sunan mutum, da ɗafa-ƙeyar -ism, wadda aikinta ya yi daidai da na -anci a Hausa. Kamar yadda muka ɗauki Fir'auna muka ƙera fir'aunanci, haka Turawa suka ɗauki Onan suka ƙera onanism. Da Bahaushe ne ya ƙera ta, onananci zai ce. Irin wannan kalma da'awa take yi, ko da ba ta faɗa da baki ba, cewa ga mutumin da ya shahara da wannan aiki. To, wane ne Onan, kuma me ya aikata?

Labarinsa yana cikin Attaura, a Littafin Farawa, sura ta 38. Yahuza ɗan Yakubu yana da 'ya'ya uku maza: Er, da Onan, da Shela. Ya aurar wa Er wata mace mai suna Tamar, sai Er ya mutu bai bar ɗa ba. A al'adar Ibraniyawa, in mutum ya mutu haka, ɗan'uwansa ne zai ɗauki matar, ɗan farin da ta haifa kuwa za a lasafta shi ɗan mamacin, don kada sunansa ya ɓace. An rubuta wannan al'ada a matsayin doka a Maimaitawar Shari'a, sura ta 25. Yahuza ya umarci Onan ya cika wannan haƙƙi. Onan kuwa ya san ɗan ba zai zama nasa ba, don haka duk lokacin da ya kusanci matar sai ya janye jiki ya zubar a ƙasa. Nassin ya ce abin ya zama mugunta a gaban Ubangiji, sai ya kashe shi. Iyakar labarin ke nan, bai wuce ayoyi uku ba, daga ta 8 zuwa ta 10.

Mai karatu zai lura da abu biyu. Na farko, Onan ba shi kaɗai ba ne a ɗaki, da mace yake tare. Abin da ya yi shi ne abin da fiƙihu ke kira azlu, watau janyewar miji kafin inzali. Malamanmu kuwa tun can ba su taɓa cuɗa azlu da istimna'i ba, kowanne da babinsa da hukuncinsa. Na biyu, dalilinsa na gado ne. In Tamar ta haifi ɗa da sunan Er, wannan ɗa shi zai tsaya a matsayin babban wa, ya ɗauki rabonsa. Ɗan fari kuwa a dokar Ibraniyawa rabo biyu gare shi. In ba ta haihu ba, Onan ne babba. Ashe ke nan mutumin ya so ya ci moriyar matar, ya hana ta ɗa, ya danne sunan wansa da ke kabari, sa'an nan ya haɗiye dukiya. Da a kotun alƙali aka kai ƙararsa, da cin amana da zaluntar gwauruwa za a tuhume shi. Abin mamaki, duk wannan bai shiga cikin kalmar da aka ƙera da sunansa ba.

Ko manyan malaman Kirista na farko ba haka suka karanta labarin ba. Augustine, wanda ya rasu a shekarar 430, ya kafa hujja da Onan ne a kan ma'auratan da ke hana ɗaukar ciki, kuma a kan wannan ma'ana Paparoma Pius na 11 ya ambaci maganarsa a wasiƙarsa ta 1930 game da aure. Gaskiya ne cewa masu tafsiri da dama, Yahudawa da Kirista, sun faɗaɗa ayar ta haɗa da kowace irin zubar da maniyyi a banza, kuma ta wannan kafa ce istimna'i ya samu shiga. Amma faɗaɗa hukunci daban, raɗa wa aiki suna daban. Wanda ya yi raɗin sunan ba malamin tafsiri ba ne.

A birnin Landan, wajen shekarar 1712 bisa ƙiyasin masanin tarihi Thomas Laqueur, aka buga wani ɗan littafi mai suna Onania, ba tare da sunan marubuci ba. Laqueur, a littafinsa Solitary Sex na 2003, ya jingina shi ga wani mai aikin fiɗa da ake kira John Marten. Littafin ya fara da wa'azi, ya kawo ayoyi, ya tsoratar. Daga nan ya jero cututtukan da wai wannan aiki ke jawowa ga maza da mata: rama, da farfaɗiya, da rashin ƙarfi, da rashin haihuwa. Bayan mai karatu ya gama tsurewa, sai a sanar da shi cewa akwai magani, ruwa a kwalba da gari a ƙunshi, ga wurin da ake sayarwa, ga kuma farashi. An sake buga littafin sau da yawa, kowane bugu yana ƙara kauri da wasiƙun mutanen da wai sun tuba sun sha maganin sun warke. Duk wanda ya taɓa tsayawa a tasha ya saurari mai magani da lasifika ya san wannan tsari: a fara da sunan Allah, a bi da tsoratarwa, a ƙare da kwalba.

Me ya sa mai littafin ya zaɓi Onan? A ganina saboda sunan yana yi masa aiki biyu a lokaci guda. Yana ba shi lafazi mai tsabta da za a iya bugawa a bangon littafi ba tare da an ce an yi batsa ba. Sa'an nan yana ɗauke da hukunci a cikinsa, domin duk Baturen wancan zamani ya san ƙarshen Onan mutuwa ce nan take. Ba sai an kawo hujjar cewa aikin yana kisa ba, sunan ya riga ya faɗa.

Da a nan abin ya tsaya, da kalmar ta mutu tare da kwalaben. Wanda ya sa mata rigar ilmi shi ne Samuel Tissot, wani mashahurin likita na birnin Lausanne a ƙasar Suwizalan. A 1760 ya fitar da littafinsa L'Onanisme da Faransanci, aka fassara shi zuwa Ingilishi a 1766. Tissot ya ɗauki maniyyi a matsayin wani ruwa mai tsadar gaske a jiki, har ya ce asarar oza 1 nasa ta fi asarar oza 40 na jini raunana mutum. Daga wannan ya gina sauran: dushewar gani, da mantuwa, da ciwon jijiya, da taɓin hankali. Da yake likita ne da sarakuna ke neman shawararsa, sai aka karɓa. Kalmar ta bazu cikin harsuna: Jamusawa suka ce Onanie, daga gare su Japanawa suka ara suka ce onani, Rashawa suka ce onanizm. Wanda ya fi ba ni mamaki shi ne Ibrananci na zamani, harshen da aka fara rubuta labarin da shi, inda ake cewa onanut da wannan ma'ana ta Turai.

Ɓarnar da ta biyo baya ba ta wasa ba ce, kuma yara ne suka fi shan ta. A ƙarni na 19 likitocin Ingila da Amurka sun riƙa lasafta wannan ɗabi'a cikin dalilan hauka. Henry Maudsley ya yi rubutu a kan haka a 1868. An ƙera na'urori na ƙarfe da fata da ake ɗaura wa yara da dare. A Amurka, John Harvey Kellogg ya ba da shawarar a yi wa yaro kaciya ba tare da maganin kashe zafi ba don ya ji a jikinsa, yarinya kuwa a ɗiga mata ruwan guba mai ƙuna. A Landan, Isaac Baker Brown ya riƙa yanke wa mata wani sashe na al'aura da sunan magani, har abokan sana'arsa suka kore shi daga ƙungiyarsu a 1867. Sai a ƙarni na 20 likitanci ya janye daga wannan magana, bayan an rasa wata shaida da ta haɗa aikin da makanta ko hauka. Da ƙaryar ta faɗi, sai kalmar ta bi ta, Turawa suka koma ga masturbation.

Ita ma wannan ɗin tana da nata labarin, amma gajere. Daga Latin take, masturbari, kuma bayanin da ya fi yaɗuwa a kan asalinta shi ne haɗin manus, watau hannu, da stuprare, watau ɓatawa ko keta mutunci. A kan wannan fahimta ce marubutan Ingilishi na ƙarni na 17 suka riƙa rubuta mastupration. Duba yadda wannan ya yi kusa da abin da Hausawa ke cewa, zinar hannu. Ba aro aka yi ba, tunani ne ya zo ɗaya: a ambaci gaɓar, a haɗa ta da sunan laifi.

Wani zai ce, to mene ne abin damuwa? Ai mun karanta a aji cewa ma'anar kalma tana ga masu amfani da ita, ba ga asalinta ba, kuma alaƙar suna da abin da aka raɗa wa ba ta dole ba ce. Na yarda da wannan, ban kuma ce a je a gyara wa Turawa ƙamus ba. Amma ƙa'idar ta fi ƙarfi a kan kalmomi irin su dutse da ruwa, waɗanda ba wanda ya san ranar da aka raɗa su. Kalmar da aka ƙera da gangan, a shekara sananniya, don a sayar da kaya, ba ta cikin wannan sahu. Tana zuwa da hujjarta a goye, mai ji kuwa yakan karɓi goyon ba tare da ya kwance zanen ya duba ba. Mu ma muna da misali a gida. Kalmar luwaɗi ta zo mana daga Larabci, an kuwa ciro ta ne daga sunan Annabi Luɗu, alaihis salam, wanda shi ne ya yi wa mutanensa wa'azi a kan su bar aikin. Shi ya sa wasu malamai suka fi son a ce aikin mutanen Luɗu. Bambancin kawai shi ne, Onan mai laifi ne da aka sauya wa laifi, Annabi Luɗu kuwa mai hani ne da aka liƙa sunansa ga abin da ya hana.

Kada a fahimce ni a karkace. Ban zo in yi fatawa ba. Hukuncin istimna'i a mazhabar Malikiyya haramci ne, malamai kuwa suna kafa hujja da ayoyi na 5 zuwa na 7 na Suratul Mu'minun. Wannan hukunci yana tsaye da ƙafarsa, bai taɓa bukatar Tissot ya tallafe shi ba. Abin da nake ƙi shi ne yadda jerin cututtukan Onania ya sake ɓullowa a bakin masu tallar magani a garuruwanmu, a kasuwa da rediyo da wayar hannu: wai yana kashe ido, yana cinye ƙwaƙwalwa, yana tsinka maniyyi har mutum ya kasa haihuwa. Ana faɗin wannan da Hausa, a yayyafa masa Larabci, saurayi ya ɗauka daga littattafan addini aka ciro shi, alhali kuwa jerin ya yi kama da na ɗan kasuwar Landan kamar an tsaga kara. Yaron da ke fama da damuwa sai a ƙara masa da tsoron makanta, ya kwashe kuɗin makarantarsa ya ba mai kwalba, kunya kuma ta hana shi tambayar likita ko malami.

A nan ne abin ya dawo kanmu, mu da za mu fita daga wannan sashe mu zama masu fassara a asibiti da gidan rediyo da ɗakin buga littattafai. Wata rana ɗayanmu zai ci karo da onanism a tsohon littafi, ko a zaman ƙirƙirar keɓaɓɓun kalmomi. Shawarata ita ce kada a Hausantar da lafazin, kada a ce onananci, domin yin haka shigo da kuskuren ne tare da kayansa. Ƙamusoshin Ingilishi na yau ma'ana biyu suke ba kalmar, fiƙihu kuwa ya riga ya ba mu suna ga kowace. In marubucin likita ne irin su Tissot, a ce istimna'i. In malamin coci ne yana magana a kan ma'aurata da hana haihuwa, a ce azlu. In kuwa Farawa 38 ake yi wa sharhi, sai a duba abin da Tamar ta rasa kafin a zaɓi kalma.