Wasan "kyauta" da ya cinye wa ƙanena aikin shekara guda

Ƴan uwa matasa, yau maganar wasan kwamfuta zan yi, kuma na san wasu za su ce, duk matsalolin da ke damun Matamaye sai wannan? Ku yi haƙuri ku karanta har ƙarshe.

Ƙanena ɗalibi ne a jami'a a Damagaram. Sai da muka haɗa hannu, ni da yayarmu da kuɗin raken baba, kafin muka saya masa kwamfutar hannu kwance, don ya rubuta kundinsa na ƙarshen karatu. Da ya zo hutu gida, wani abokinsa a fada ya ba shi kle mai ɗauke da wasan ƙwallo, irin wanda aka fasa makullinsa, wanda muke ce wa krake. Takardar da ke ciki ta ce kafin ka girka sai ka kashe antibirus. Ya kashe. Wasa ya tashi lafiya lau, suka kwana suna bugawa ana shan shayi. Bayan kwana biyu ya buɗe kundinsa, ya ƙi buɗuwa. Hotunan bikin yayarmu, darussan shekara uku, komai ya kulle. Abin da ya rage mai buɗuwa ɗaya ne tak: wata ƴar wasiƙa da Turancin Ingilishi tana cewa ya biya dala 980 ta Amurka, ko 490 in ya yi sauri cikin awa 72. Ko rabin ma ya kai wajen jika 300 na sefa, ya fi kuɗin kwamfutar kanta. Ba mu biya ba. Yaro ya sake rubutu daga farko, daga abin da ya rage a cikin kaye da takardu.

Irin wannan birus yana da suna, STOP ko Djvu, kuma babbar hanyar da yake bi ita ce fasassun wasanni da manhajoji. Yana da ƴan uwa. A shekarar 2021 kamfanin Avast ya tona asirin wani mai suna Crackonosh, wanda aka ɓoye a cikin fasassun kofe na GTA V, PES 2018, Far Cry 5 da NBA 2K19. Ya shiga kwamfutoci fiye da 222,000 a duniya. Shi ba ya kulle komai. Yana kashe antibirus ne a ɓoye, ya hana Windows sabunta kansa, sannan ya sa kwamfutarka haƙar kuɗin intanet na Monero dare da rana. Masu shi sun samu fiye da dala miliyan 2. Kai kuma abin da za ka gani shi ne na'urarka ta yi nauyi, fanka na ihu, batir na mutuwa da wuri. A garin da zafin watan Afrilu ke wuce digiri 40, kuma kuran ke zuwa yana tafiya, wannan kisan mummuƙe ne ga kwamfuta. Akwai kuma masu kwashe lambobin sirri da ka ajiye, na Facebook da imel. Sau nawa muka ga an ƙwace shafin wani ana roƙon kuɗi da sunansa?

Ku tsaya mu yi lissafi da hankali. Fasa makullin wasa aiki ne na gwanaye, yana cin makonni. Bayan su kuma akwai wasu da ke ɗaukar kofen su ƙara nasu kaya a ciki, su buɗe shafi, su biya kuɗin ajiya, duk don kai da ba su taɓa gani ba ka samu wasa a banza? Banza ba ta kai zomo kasuwa. Kuma da zarar ka kashe antibirus ka danna "na yarda", ka miƙa makullin gida da hannunka. Wanda ya ba ka kle ɗin ba mugu ba ne, shi ma bai san abin da yake ɗauke da shi ba. Haka abin ke yawo daga fada zuwa fada, daga shagon tura finafinai zuwa ɗakin ɗalibi.

Ban zo in yi wa manyan kamfanonin Amurka da Japan lauya ba. Gaskiya ita ce farashinsu ba da mu aka yanka shi ba. Sabon babban wasa dala 70 ne, wajen jika 40, alhali mafi ƙarancin albashi a Nijar jika 42 ne a wata. Ko kana da kuɗin, sai ka samu katin banki mai biya a intanet, sannan ka sauke giga 50 ko 100 da forfe ɗin da muka sani. Duk wanda ya ce matashin Kance ya sayi wasa yadda na Paris ke saya bai san ƙasar ba. Amma tsadar abu ba ta mai da guba abinci.

Ta fuskar doka ma ba a bar mu a sake ba. Nijar na cikin ƙungiyar OAPI, tana da dokar haƙƙin mallakar fasaha ta shekarar 2010, tana da hukumar BNDA, kuma manhajar kwamfuta na cikin abin da doka ke karewa kamar waƙa da fim. Ba na cewa gobe za a zo a kama ka a ɗakinka. Ina tuna mana ne da abin da muka gani da idonmu: yadda satar fasaha ta durƙusar da kasuwar faifan Kannywood, yadda mawaƙanmu ke fitar da waƙa yau gobe tana kowace waya ba ko dala a aljihunsu. Wasan kwamfuta ma ƴan Afirka na yi. Kiro'o Games na Kamaru sun fitar da Aurion a 2016, kuma a nan gida wani matashi a Yamai ya ƙirƙiri Les Héros du Sahel. In muka saba cewa wasa ba abin biya ba ne har abada, ranar da ɗan Matamaye ya ƙera nasa, da me zai ci tuwo?

To ina mafita? Akwai, kuma yawancinta ba ta buƙatar ko tamma.

Masu son ƙwallo: tun watan Satumba 2021 Konami ya mai da PES ya koma eFootball, kyauta ne a Steam da kuma waya. Counter-Strike 2 da Dota 2 kyauta suke a Steam, Rocket League da Fortnite kyauta a Epic Games Store. Epic ɗin kuma kowane mako yana raba wasan sayarwa a kyauta, in ka karɓa ya zama naka. A watan Mayu 2020 GTA V kansa suka raba haka. Buɗe asusu ba ya buƙatar katin banki. Illar waɗannan ita ce suna son intanet mai ƙarfi.

Ga mai ƙaramar kwamfuta da ƙarancin mega, akwai wasannin da masu su suka sake wa duniya, suka halatta kofe da rabawa: SuperTuxKart na tseren motoci, 0 A.D. na gina daula da yaƙi, Battle for Wesnoth na dabara. Mutum ɗaya ya sauke daga shafinsu na asali, ya zagaya da kle duk fadodin gari, ba laifi ba birus. Mai ɗan hali kuma ya jira rangwamen Steam na tsakiyar shekara da na ƙarshenta, ko ya duba GOG, inda tsofaffin wasanni ke da araha kuma in ka sauke sau ɗaya kana bugawa ba intanet.

Roƙona uku ne. Na ɗaya, duk abin da ya ce ka kashe antibirus kafin ka girka shi, goge shi nan take. Na biyu, kundinka da hotunanka ka ajiye kofensu a wani wuri dabam, kle na musamman ko Google Drive, yau ba gobe ba. Na uku ga ƴan uwanmu masu shagon turi da masu gyaran kwamfuta: ku ne ƙofar da wasanni ke shigowa garin nan. Ku buɗe jaka guda ta wasanni masu tsabta, ku karɓi kuɗin wahalarku a kanta. Kwastoman da na'urarsa ba ta mutu ba shi ne zai dawo.

Ƙanena ya kare kundinsa daga baya, da jinkirin watanni. Yanzu eFootball yake bugawa, kuma har yau yana lallasa ni. Ku fa, wace ɓarna fasasshen wasa ya taɓa yi muku? Ku faɗa mana, wataƙila labarinku ya ceci kwamfutar wani.