Kwanon miya ɗaya, farashi biyu



Tun ranar da muka taɓo maganar yawon ɗanɗana abinci a shirinmu na safe, saƙonnin murya ba su daina shigowa ba. Wani dattijo daga Tawa ya ce mu ji tsoron Allah, wannan ai hanya ce ta shigo da giya cikin gari da sunan yawon buɗe ido. Wani ɗalibi da ke karatu a Faransa kuma dariya ya yi mana, wai abin ba ya yiwuwa sai da kwalba a kan tebur, mu bar wa Turawa kayansu. Minti goma na rediyo bai isa mu amsa musu ba, shi ya sa muka zo nan.

Ga waɗanda shirin ya wuce su, ga abin da ake nufi. A tsofaffin birane da yawa akwai wata sana'a: ɗan gari, wanda ake ce wa gid, ya tara baƙi kaɗan, shida ko takwas, ya bi da su a ƙafa cikin lunguna awa uku ko huɗu. Su tsaya wurin mai wannan su ɗanɗana, su ƙara gaba wurin mai wancan, shi kuwa yana ba su labarin abincin da na unguwar. Kowa ya biya kuɗinsa tun kafin a tashi. A Bordo ta Faransa ko Porto ta Portugal, gaskiya ne giyar inabi ce uwar tafiya. Bordo har katafaren gidan baje koli ta gina wa giya, aka buɗe shi a 2016. Inabi ne arzikin ƙasarsu, shi suke nunawa. To dattijo bai yi ƙarya ba, ɗalibi ma bai yi ba. Amma su biyun Bordo kaɗai suke kallo.

Mu a Fas ta Maroko muka fara ganin abin da idonmu. Mun raka wata tawaga ce ta masu ziyarar zawiyar Shehu Ahmad Tijjani, wanda ya rasu a can a 1815. Duk wanda ya taɓa zuwa ya san tsohon birnin: yana cikin jerin kayan tarihin duniya na UNESCO tun 1981, mota ba ta shiga, sai jaki da alfadari, kana tafe sai ka ji an ce "balak!" ka manne da bango kaya su wuce. Da safe muka shiga ta ƙofar Bab Bujlud, muka gangara babban titin kasuwa, sanyi na dukan mu, muka samu wani ɗan shago da bai fi ɗakin mai gadi ba muka zauna. Miya ɗaya yake sayarwa, bisara, ta wani irin busasshen wake mai faɗi, a zuba man zaitun da yaji a kai, a ba ka burodi. Dirhami kaɗan ne kwano.

Muna cikin sha sai ga wasu turis su takwas, gid a gabansu da kati rataye a wuya. Tukunyar da aka zuba mana aka zuba musu, da ludayi ɗaya. Wani ɗan ƙasarmu da ke karatu a birnin ya raɗa mana cewa kowane ɗayansu ɗaruruwan dirhami ya biya don yawon wannan safiya. Muka ƙyalƙyace. Ɗaya daga cikinmu ya ce ai baƙo ko'ina abincin ɗan gari ne.

Sai dai faransancin da muka sha bulala a kansa a lise ya yi mana rana, muka kasa kunne. Gid ɗin ya gaya musu cewa wannan miya karin kumallon leburori da ƴan dako ce a lokacin sanyi, mai arha kuma mai riƙe ciki har azahar. Ya nuna musu yaran da ke wucewa da katako a ka, an rufe da zane: ƙullun burodi ne daga gidaje za a kai tanderun unguwa, kowane gida da alamar da yake yi wa nasa don kada ya ɓata. Mu kuwa yara nawa suka wuce mu da wannan katako tun jiya, ba mu tambaya ba. Da suka tashi muka bi bayansu kamar hanya ce ta haɗa mu. Allah ya yafe mana, ko sisi ba mu biya ba.

A gaba suka tsaya wurin wani nama da ake jerawa cikin kwalabe, ya daskare cikin kitse. Mu tun jiya mun yanke masa hukunci, mun ce kilishi ne ya faɗa cikin mai. Ashe sunansa khili, kuma Fas na alfahari da shi: a yanka nama siri-siri, a shafe shi da tafarnuwa da kayan ƙamshi, a shanya a rana kwanaki, sannan a dafa cikin kitse a adana, ya yi watanni bai lalace ba. Da ƙwai ake soya shi da safe. Matsalar da kakanninsu suka warware ita ce wadda namu suka warware, yadda nama zai daɗe ba firiji, kowa da dabararsa. Daga nan suka shiga wani tsohon masauki inda ake sayar da zuma da man shanu, aka riƙa ba su zuma a bakin cokali, wannan ta furen kaza, waccan ta dutsen kaza. A nan kunya ta kama mu muka juya.

Da muka koma masauki dariyar ta ragu. Miya ɗaya muka sha da su, amma su sun tashi da Fas a kansu, mu mun tashi da wake a ciki. Kuɗin da suka biya na bakin gid ne.

Kuma a duk tsawon abin da muka gani, ko ɗigon giya babu. Shayi da na'ana'a aka ba su. Maroko na yin giya, ba ɓoyayyen abu ba ne: gonakin inabin suna wajen Maknas, kamar kilomita 60 daga Fas, sun bunƙasa ne a zamanin mulkin Faransa, kuma baƙon da yake so mota daban yake ɗauka ya je can. Amma yawon cikin tsohon birni yana cika ba tare da ita ba, mutane na biya suna godiya. Wannan ce amsarmu ga dattijo da ɗalibi gaba ɗaya.

Akwai inda abin bai yi mana daɗi ba, kuma sai mun faɗa. Bi kuɗin nan ka gani. Yawancin baƙi a intanet suke biya tun suna ƙasarsu, shafin ya cire kasonsa. Kamfanin da ya shirya yawon ya cire nasa. Gid ya karɓi ladansa. Mai bisara fa, wanda ya tashi tun asuba ya hura wuta? Idan ba a yi wata yarjejeniya da shi ba, kuɗin kwano takwas ne nasa, ko da an ɗauki hotonsa sau ɗari. Ga kuma tsohuwar cutar sana'ar: gid ya karkata da baƙi shagon darduma ko na fata inda ake ba shi kamasho, a ce tarihi ake nuna musu. Hukumomin Maroko sun san da wannan, shi ya sa aikin gid sai da izinin gwamnati da kati, kuma ana kama masu yi ba izini. Katin ya rage ɓarna, bai gyara rabon kuɗin ba.

Yanzu mu dawo gida, don dalilin rubutun ke nan. Muna zaune a lungun Fas, Birnin Damagaram muke gani. Me babu? Ga fadar sarki, ga ragowar ganuwar da aka gina zamanin Sarki Tanimu, ga gidajen ƙasa masu zane a Birni da Zango, ga majema. Nan Barth ya yada zango a 1852, nan aka kashe kyaftin Cazemajou a 1898, nan ne babban birnin ƙasa kafin a mayar da shi Yamai a 1926. Agadas ta shiga jerin UNESCO a 2013, Damagaram kuwa tana layin jira. Abinci kuma ba sai mun lissafa wa ɗan Nijar ba.

Za ku ce ina baƙin? Tambaya ce mai kyau. Turawa sun daina zuwa tun da daɗewa saboda rashin tsaro, kuma wanda ya ce muku gobe za su dawo yaudarar ku yake. Amma wa ya ce baƙo sai mai jan kunne? Ɗaliban jami'a da suka zo daga Dosso da Tilaberi, sun yi shekara uku a gari ba su taɓa leƙa Birni ba. Ma'aikacin da aka turo daga Yamai, bai san ko'ina ba sai biro da gidan haya. Ƴan biki daga Kano da Daura da Katsina. Ƴaƴanmu da aka haifa a Abijan ko Akra suka zo hutu. Masu zuwa kallon hawan salla. Waɗannan ba za su biya kuɗin Turawa ba, amma jikka biyu ko uku ba za ta gagari wasunsu ba, idan akwai abin da za a gaya musu.

Nan ne gizo ke saƙa. Kilishin Nijar da albasar Galmi sun samu rajista a hukumar OAPI da ke Yawunde, ma'ana sunan ya zama namu a hukumance. Mun yi murna, mun karanta labarin a rediyo. Amma takarda ba ta magana. Tsayar da matasa goma a fada ɗaya ka tambaye su bambancin kilishi ja da fari da rumuzu, ko me ake sawa a labu, ko sau nawa ake shanya naman kafin ya ga wuta, ko me ya sa na Madawa da na Tasawa suka yi suna. Mu kanmu da muke riƙe da makirfo sai da muka je muka zauna gaban mahauci muka tambaya. Ilimin yana nan, yana bakin mahauta da tsofaffin mata masu alkaki da nakiya, amma ba wanda ya ɗauke shi abin biya. Mun iya haddace kogunan Faransa a makaranta, mushe bai taɓa tambayar mu yadda ake yin cuku ba.

Idan matasanmu za su gwada, mu dai ga inda muka tsaya. A fara da mai abinci kafin a fara da baƙo. A zauna da mahauci, da mai fura, da mai waina, a yanke abin da za a ba su kan kowane baƙo, sama da kuɗin abin da aka ci, don lokacinsu da bayaninsu ma kaya ne. Kuma a bar su su yi maganar da bakinsu. Gid ya yi tafinta idan baƙon Zabarma ne ko ba ya jin Hausa, kada ya tsaya gaban mutum yana ba da labarinsa kamar ba ya wurin.

Maganar mata ta fi wuya, kuma a nan muka bambanta da Fas. Mafi daɗin abincinmu a cikin gida ake yin sa, yarinya ce ke fitowa da shi talla. Ba za ka kwashi maza shida ka shiga gidan mutane ba. Sai an nemi izinin maigida da na mai unguwa, sai a tsaya a zaure, ko kuma mace ta ja tawagar mata. Hoto ma haka: ba a ɗaga waya a fuskar uwar wani sai ta yarda, don gobe a TikTok za ta ga kanta. Ruwan sha da na wanke hannu kuwa gid ya ɗauko nasa. Baƙo ɗaya ya kwana yana zawo, sana'ar ta mutu tun ba ta yi rarrafe ba.

Giya kuwa ba ta cikin lissafi, a faɗa tun a tallar farko kowa ya sani. Garin da ke da fura da nono, da zoɓo, da kunun tsamiya, da shayi kofi uku, ba ya rasa abin da zai miƙa wa baƙo.

Meri da fada suna da rawar takawa, ko da ta ba wa gid ɗan kati ce don a san wa ke yawo da baƙi cikin unguwa. Amma muna tsoron kada a ce sai an kafa kwamiti, a yi taron bita a otel, a ci kuɗin zama, Birni bai ga kowa ba. Mutum shida da ɗan unguwa ɗaya mai baki sun isa a gwada ranar wata Asabar.

Ranar Alhamis za mu sake buɗe layi a kan wannan magana. Wannan karon muna roƙon ƴan boko su ɗan dakata, mahauta da masu fura da iyayenmu mata masu alkaki su fara kira. Tambayar da za mu yi musu guda ce: idan aka kawo muku baƙi shida su zauna minti ashirin suna ci suna tambaya, nawa za ku ce a ba ku? Baba na Tawa, kai ma muna jiran kiranka.