Fadamar Haɗeja Da Nguru: Ruwan Da Ya Malala Ba Asara Ba Ne

Tun lokacin da aka fara gina manyan madatsun ruwa a arewacin ƙasar nan, akwai wani tunani da ya zauna a zukatan masu tsara ayyukan raya ƙasa, watau cewa duk ruwan da ya wuce ba a tare shi ba, ya tafi a banza. Halin da fadamar Haɗeja da Nguru ta shiga ya isa ya nuna cewa wannan tunani kuskure ne, kuma kuskuren da talakawa masu yawa ke biyan kuɗinsa.

Ita dai wannan fadama tana shimfiɗe ne a jihohin Jigawa da Yobe, har ta taɓa wani yanki na Jihar Bauchi. Koguna biyu ne ke ciyar da ita. Na farko shi ne kogin Haɗeja, wanda ya samu daga haɗuwar kogin Kano da na Challawa. Na biyu kuwa kogin Jama'are, wanda ya gangaro daga tsaunukan Jos. Idan suka iso wannan shimfiɗaɗɗiyar ƙasa, sai su tarar da tsofaffin tuddan rairayi a jere, su rarrabu rassa rassa, su cika tafkuna da kwaruruka, kafin su sake haɗuwa wajen Gashuwa su zama kogin Yobe. Shi kuma ya nufi Tafkin Chadi, yana bin iyakar Nijeriya da Jamhuriyar Nijar.

Shekaru aru-aru jama'ar wannan yanki, Badawa da Mangawa da Hausawa da Fulani, sun tsara zamansu bisa zuwan ruwa da janyewarsa. Idan ambaliya ta sauka a watannin Agusta da Satumba, manomi yana da shinkafarsa a cikin ruwa, kifi kuma ya fantsama cikin ciyayi ya yi ƙwai. Da ruwa ya fara janyewa sai masunta su kama tarwaɗa da ƙarfasa da kurungu, manoma su bi laimar ƙasa su shuka wake da sauran amfanin rani. Bayan su sai makiyaya su iso da shanu, su sami ɗanyar ciyawa a lokacin da ko'ina ya bushe. Ƙasa ɗaya ke nan tana ciyar da sana'a uku a shekara, kowa da lokacinsa. Har ila yau ruwan da ya kwanta yakan nutse ƙasa ya cika rijiyoyin garuruwan da ke nesa da bakin kogi, ya kuma rayar da goruba da giyayya da bagaruwa. Bikin kamun kifi na masarautar Bade a Gogaram shaida ne na irin matsayin da ruwan nan yake da shi a rayuwar mutane.

Su ma tsuntsaye suna da rabonsu. Ban da na gida irin su gauraka da ɗinya da kirinjijiya da zalɓe da balbela, duk shekara idan sanyi ya tsananta a Turai, dubban agwagin ruwa da sauran tsuntsayen bakin tafki sukan ƙetare Bahar Rum da hamadar Sahara su sauka a nan, su zauna har wajen watan Maris. Wannan fadama tana cikin wuraren ruwa na farko da suke tararwa bayan hamada. Saboda haka ne aka kafa shirin kare ta a 1987, kuma Yarima Philip na Ingila ya ziyarci Dagona a 1989. A shekarar 2000 tafkin Nguru da mashigar Marma suka zama wuri na farko a Nijeriya da aka sa cikin jerin yarjejeniyar Ramsar ta kare fadamu, sa'an nan Dagona da Baturiya suka bi baya a 2008.

To, amma suna a takarda ba ya kawo ruwa. A 1974 aka kammala madatsar Tiga, a 1992 kuma ta Challawa. Babu mai musun amfanin da aka samu, domin birnin Kano yana sha daga gare su, gonakin Kadawa da na kwarin Haɗeja kuma suna ba da shinkafa da alkama da tumatir. Sai dai tun daga nan mafi yawan ruwan kogin Haɗeja ya koma hannun masu buɗe ƙofa da rufewa. Aka kuma yi rashin sa'a wannan ya zo tare da farin shekarun 1970 da na 1980. Filin da ruwa ke rufewa, wanda a shekarun albarka yakan haura murabba'in kilomita 2,000, ya zama a shekaru da dama bai kai rabin haka ba.

Ɓarnar ba ta tsaya ga raguwar ruwa ba, har da sauya masa lokaci. A da kogin yakan cika da damina ya ƙafe da rani. Da aka koma sakin ruwa kaɗan kaɗan duk shekara domin noman rani, sai ciyawar kachalla ta sami abin da take so, watau ruwa marar zurfi wanda ba ya ƙafewa. Ta mamaye gonaki da wuraren su da makiyaya, ta tare laka ta toshe hanyoyin ruwa. Ruwan da ya rasa hanya ya karkata ta mashigar Marma ya kwanta a kan gonakin mutane wajen Nguru, alhali na gabas suna kukan ƙarancinsa. Cikin kachallar kuma tsuntsayen jan baki suka sami mafaka, suna fitowa suna cinye gero da dawa da shinkafa. Da wurin kiwo ya ƙuntata, manomi da makiyayi waɗanda a da suke bin juna a fili ɗaya suka koma tsayawa a kansa lokaci guda, abin da kan jawo husuma.

Abin lura shi ne, masana tattalin arziki sun auna wannan al'amari tun farkon shekarun 1990. Da suka haɗa abin da fadamar ke bayarwa na noma da kifi da itace, suka kwatanta da na gonakin da ake shayarwa daga Tiga, sai suka tarar cewa amfanin da ake samu daga kowane ma'aunin ruwa a fadama ya ninka na can sau da yawa. Bambancin kawai shi ne, amfanin fadama a warwatse yake cikin ƙauyuka, ba ya shiga littafin wata ma'aikata.

Don haka akwai abubuwa uku da suka wajaba. Na farko, Hukumar Raya Kogunan Haɗeja da Jama'are ta tsara sakin ruwa yadda zai bi ɗabi'ar kogi, a saki isasshe da damina tare da sanar da garuruwan da ke hanya tun da wuri, a kuma bar rassan kogin su sha iska da rani. Yankan kachalla da inji yana da amfani, amma muddin ruwa na kwance shekara sukutum, za ta sake tsirowa.

Na biyu, a yi hattara da madatsar Kafin Zaki, wadda aka fara aka dakatar a shekarun 1980, ake kuma ta da maganarta lokaci lokaci. Bukatar mutanen Bauchi ta noman rani gaskiya ce, ba a raina ta ba. Amma kogin Jama'are shi ne wanda ya rage ba a ɗaure shi da babbar madatsa ba, kuma shi ke kai mafi yawan ruwan da ke isa Gashuwa da Geidam har yankin Diffa. Bai kamata a aza masa tubali ba sai an fayyace rabon na ƙasa a rubuce, an kuma ji ta bakinsu.

Na uku, jihohi shida da suka kafa asusun kula da wannan kwari a 2006, watau Bauchi da Borno da Jigawa da Kano da Filato da Yobe, su riƙa cika alkawarinsu na kuɗi, su kuma ba sarakuna da ƙungiyoyin masunta da manoma da makiyaya kujera a wurin da ake yanke shawarar ruwa. Gyara kayanka ba ya zama sauke mu raba.

Tafkin Chadi yana kusa, kuma kowa ya ga abin da janyewar ruwa ta yi wa mutanen da suka dogara da shi. Idan gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, sai ka shafa wa naka ruwa. Allah ya ba shugabanni ikon yin adalci tsakanin na sama da na ƙasan kogi.