Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Zuwa Ga Shugabannin Makarantun Yelwa, Ngaski Da Shanga



Ina roƙonku da ku sa batun wasannin waya cikin taronku na gaba da iyaye. 'Ya'yanmu na raba dare suna wasa, da safe su yi ta gyangyaɗi a aji. A 2019 Hukumar Lafiya ta Duniya ta sanya jarabar wasannin nan cikin jerin cututtuka.

Magani yana cikin wayar. Family Link a Android, Screen Time a iPhone, da Family Safety a kwamfuta mai Windows duk suna toshe wasa, su ƙayyade lokaci, kuma kyauta ne. Iyaye da yawa ba su san su ba. Don Allah ku koya musu, domin icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Wassalam,
Wani uba daga Yelwan Yauri